Rana mai auna ruwan sama

Mu ƴan Adar mun gaji zagin rana. In gero ya ƙone a Buza, ita ce. In rijiya ta ƙafe a Keita, ita ce. Amma tarihin awon yanayi a ƙasarmu ya nuna mini wata fuskar tata.

Tun zamanin Faransa, tashoshin meteyo irin na Tawa da Birnin Ƙonni suna da wata ƙwallon gilashi da ake girkawa a fili. Hasken rana ya ratsa ta, ya ƙona layi bisa takarda, da yamma ma'aikaci ya auna tsawon ƙunar, ya san awa nawa rana ta haska. Wato ita da kanta take rubuta aikinta. Ruwan sama kuwa sai mutum ya tashi da safe ya leƙa gwangwanin awo, a aika adadin Yamai, mu ji shi a rediyo: Madawa milimeta kaza.

Wanda ya ce a sa ranar nan aiki ɗan Tasawa ne, Abdu Mumuni, haifaffen 1929, masanin kimiyyar haske da zafi. Ya riƙe ofishin ONERSOL daga 1969 har 1985, yana ƙera tukunyar dahuwa da na'urar ɗumama ruwa masu aiki da rana, lokacin da manya da yawa ke ganin abin wasan yara ne. Ya rasu a 1991, jami'ar Yamai na ɗauke da sunansa. Ni dai ina ganin mun fi riƙe sunan bisa ga aikin.

Fari ne ya tilasta awo. Bayan yunwar 1973 aka kafa cibiyar AGRHYMET a 1974, a 1984 kuma aka soma aikin Keita da kuɗin Italiya da hannun FAO. Mai gina madatsa a kwari dole ya san ruwa nawa ke saukowa daga dutse, in ba haka ba damina guda ta tafi da ginin. To daji ba wutar NIGELEC. Nan faifan sola ya yi rana: faifai ɗaya, batir ɗaya, na'ura ta kwana tana ƙidayar ruwa da iska ba mai gadi.

A 2018 aka buɗe tashar Malbaza mai megawat 7, kowa ya yi ta zancenta. Ƙaramin faifan tashar awo ba mai zancensa. Lissafinsa Yamai yake tafiya, da faransanci, alhali mai gonar da ke gefensa a kwarin Magiya har yau da yatsa yake tona ƙasa ya ga ko ruwan shuka ya sauka.