Finafinan matan gidan kaso: daga sinima zuwa kaset

A shekara ta 1950 kamfanin Warner Bros. na Amurka ya fitar da wani fim mai suna Caged. Labarin wata yarinya ce mai shekara 19 da aka kai gidan kaso tana da juna biyu, ta shiga da tsoro, ta fito da bushewar zuciya. Virginia Kellogg, wadda ta rubuta labarin, sai da ta shiga gidajen kason mata ta gani da idonta. Manufar fim ɗin ita ce nuna yadda kaso ke lalata wanda aka kai don ya gyaru.

A lokacin akwai wata doka da kamfanonin Hollywood suka ɗora wa kansu, wadda aka tsaurara tun 1934, ta hana nuna tsiraici. A watan Nuwamba na 1968 aka ajiye ta, aka koma rarraba finafinai bisa shekarun mai kallo. Nan ƴan kasuwa suka ga hanya. A 1969 Jesús Franco, ɗan ƙasar Sipaniya, ya yi 99 Women. A 1970 Roger Corman ya kafa kamfanin New World Pictures, shekara ta zagayo ya fitar da The Big Doll House, wanda Jack Hill ya shirya a ƙasar Filipin, tare da Pam Grier.

Me ya kai su Filipin? Arha. Ma'aikata ba tsada, ga daji, ga mutane masu jin Turanci. Kuma labarin kaso ba ya cin kuɗi: ɗaki guda, ƙarafa, kaya iri ɗaya, muguwar mai gadi, faɗa, sannan a gudu. Da fim ɗin ya kawo riba sai aka yi ta maimaitawa, Women in Cages a 1971, The Big Bird Cage a 1972. Wahalar mata da Caged ya nuna don a tausaya, ita ce yanzu aka mayar hajar sayarwa.

Ba duka suka taru suka zama ɗaya ba. A Japan, fim ɗin Female Prisoner 701: Scorpion na 1972, inda Meiko Kaji ta fito, masana fim na yaba aikinsa har yau. Jonathan Demme, da ya fara da Caged Heat a 1974, shi ne daga baya ya ci kyautar Oscar da The Silence of the Lambs. Da wannan magoya bayan finafinan ke kafa hujja, suna cewa mata ne jarumai, su ke ƙwatar kansu. Ni dai ina ganin jarumtar da sai an tuɓe mace an wulaƙanta ta kafin a ba ta bindiga, ciniki ce kawai.

Da sun mutu tare da ƙananan gidajen sinimar da ke haska su, sai ga kaset. Sony ya fito da Betamax a 1975, JVC ya fito da VHS a 1976. Shagunan haya na neman abin cika kanta, sai tsofaffin finafinai masu arha suka sake samun rai, aka kuma yi sababbi kamar Chained Heat na 1983. Masu tara kaset suka riƙa neman su, daga baya aka sake buga su a DVD. A Ingila hankalin uwaye ya tashi kan kaset ɗin ta'asa da batsa da ke shiga gidaje ba tantancewa, har majalisa ta yi doka a 1984 cewa kowane kaset sai an duba shi an sa masa iyakar shekaru.

Abin da na ɗauka cikin wannan tarihi, a matsayina na malamin lakwal, shi ne sinima tana da ƙofa da mai karɓar tikiti. Kaset ya kawo fim cikin ɗaki, salula kuma ta sa shi cikin aljihun yaro. Mai gadin da ya rage shi ne mu, uwaye da malamai. Ƙwace salula kaɗai ba ya isa, domin ta abokinsa na nan. Ya kamata yaro ya saba tambayar wa ya yi fim ɗin, me yake sayarwa, kuma mutuncin wa aka taka kafin a samu ribar. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.