Furen Okid: Shayarwa da Kulawa a Yanayin Gwarzo da Kabo

Okid ɗin da masana tsirrai ke kira Phalaenopsis ya samu sunansa ne a 1825 daga Carl Blume, saboda furensa ya yi kama da malam-buɗe-littafi na dare. Asalinsa dazuzzukan Indunusiya da Filifin ne, inda iska ke da laima kusan duk shekara.

Wanda ya san kauci a kan ɗorawa zai gane zamansa, domin shi ma a reshen bishiya yake rayuwa. Sai dai kauci yana zuƙar ruwan bishiyar, okid kuwa maƙalewa kawai yake yi, saiwoyinsa na shan ruwan sama da raɓa, su bushe da wuri. Saboda haka ƙasa tana kashe shi. A tukunya mai huji ake dasa shi, cikin ɓawon itace ko ɓawon kwakwa da ɗan gawayi.

A Gwarzo da Kabo, inda zafin Afrilu kan kai digiri 40, mai shuka yakan ɗauka ƙishi ne babbar barazana, ya riƙa kwarara ruwa safe da yamma. Wannan ne ke ruɓar da saiwa. Ita saiwar ce ke nuna lokacin shayarwa: idan ta yi kore, ta ƙoshi, idan ta koma fari-fari kamar azurfa, a jiƙa ta sosai da safe, a bar ruwan ya tsiyaye. Galibi sau ɗaya a mako ya isa, da bazara kuma sau biyu. Ruwan da ya kwanta a tsakiyar ganye a tsane shi da ƙyalle, in ba haka ba zuciyar shukar ta ruɓe.

Irin ruwan ma abin dubawa ne. Wanda ake saye wurin 'yan garuwa, wato ruwan da gidaje da dama suka dogara da shi tun da famfo ya zama sai an yi sa'a, yakan fito daga rijiyar burtsatse, wani kuma yana barin farin gishiri a saiwa. Ruwan saman da aka tara tsakanin Yuni da Satumba ya fi dacewa.

A ajiye shi kusa da tagar gabas, nesa da ranar tsaka. Da hunturu a ɗora tukunyar kan faranti mai tsakuwa da ɗan ruwa, a goge ƙurar ganyen. Sanyin daren Disamba da Janairu yana zaburar da shi ya fitar da sandar fure, furen kuma yakan kai wata biyu zuwa uku bai zube ba.