Masu Zanen Aska da Tarihi Bai Riƙe Sunansu Ba

Ƙasar Maska, wadda take cikin yankin da ake kira Katsina Laka saboda yanayin ƙasarsa da wadatar daminarsa, ta daɗe da shahara wajen noman auduga da baba, wato shukar da marina suke samun shuni daga gare ta, kuma kamar yadda Yusufu Bala Usman ya nuna a littafinsa na tarihin Katsina wanda aka buga a 1981, wannan albarka ce ta jawo masaƙa da marina da fatake zuwa garuruwa irin su Maska da Gozaki tun kafin jihadin 1804. Tufafin da ake saƙawa a irin waɗannan garuruwa suna cikin abin da ya ciyar da kasuwar Kano gaba, kasuwar da Heinrich Barth ya ziyarta a 1851 ya kuma bayyana yadda kayanta suke kaiwa har Timbuktu.

Babbar riga guda tana bi ta hannaye da dama kafin ta hau wuyan mai ita: mata su kaɗa zare da mazari, masaƙi ya saƙa siraran ƙyallaye, maɗinki ya harhaɗa su, mai surfani ya yi aikin allura, mabugi kuma ya buge ta har ta yi sheƙi. A tsakanin maɗinki da mai surfani akwai wani mutum da ba a cika ambatonsa ba, shi ne mai zane, wanda galibi malami ne da hannunsa ya saba da rubutun allo, don haka da alƙalamin kara da tawada yake shata fasalin adon a jikin rigar, sa'an nan a miƙa ta ga masu allura, waɗanda sau da yawa almajirai ne masu neman abin kai wa baka. Shi ne yake yanke tsawon asake, wato siraran siffofi masu tsini da suke saukowa a kan aljihun ƙirji, waɗanda yawansu ya ba riguna sunayen aska biyu da aska takwas. Shi ne kuma yake daidaita tambari, zagayen nan mai naɗewa da ake yi a ƙirji da baya, da dagi, ƙullin da daga baya ya zama alamar Arewa. A zamanin Daular Sakkwato ana cike waɗannan siffofi da tsamiya, siliki na gida da ake samu daga saƙar wasu tsutsotsi, ko da alharini da ayarin Sahara yake kawowa, kuma irin wannan riga ce sarakuna suke bayarwa kyauta ko ranar naɗi.

Dalilin ɓacewar sunan mai zane yana cikin aikin kansa, domin zare yana rufe layin tawadarsa, wanki kuma ya tafi da abin da ya saura, alhali ba al'ada ba ce ya sa hannu a riga ko ya adana zanensa a takarda. Saboda haka riga takan ɗauki sunan garin da aka ɗinka ta ko na basaraken da ya sa ta, kuma wannan rashin adalci ne ga mutumin da kyawunta ya dogara ga idonsa. David Heathcote, wanda ya koyar a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, yana cikin 'yan ƙalilan da suka bi sawun waɗannan mutane: a 1972 ya yi rubutu kan wasu zane-zanen surfani na takarda da ya samu a Kano, a 1976 kuma ya shirya baje kolin fasahar Hausawa a Landan.

Zuwan mulkin mallaka ya karkatar da audugar yankin zuwa injinan gurza na Funtuwa da Malumfashi, jirgin ƙasa yana kwashe ta zuwa teku, mazaunin Sarkin Maska ma ya koma Funtuwa, sai masaƙun gida suka riƙa raguwa. Daga baya keken surfani ya shigo, shadda ta maye gurbin saƙi, a birnin Zariya kuwa matan aure suka karɓi aikin allurar manyan riguna a cikin gidajensu, suna bin layin da wani ya shata musu, kuma har yau mai sayen riga kan tambayi kuɗin aiki ba tare da ya tambayi wanda ya zana ba.