Daga Mosko zuwa Maraɗi: makarantar da ta koyar da fim ba tare da zaren ɗauka ba

Tun da sojojin horarwa na Rasha sunka sauka Yamai a watan Afirilun 2024, in an ambaci Rasha a majalisa zancen bindiga da jirgi ake yi. To yau wata tsohuwar hulɗa za mu tono, wadda ba a cika faɗi ba: ta sinima.

A shekarar 1919, shekara biyu bayan juyin juya halin ƴan gurguzu, anka buɗe makarantar koyon fim a Mosko, wadda daga baya anka sani da suna VGIK. Ita ce ta farko irinta a duniya. Dalilin gwamnatin Lenin a fili yake: mafi yawan talakawan ƙasar ba su iya karatu ba, jarida ba ta kai musu, amma hoto mai motsi kowa na gane shi. Har jiragen ƙasa na musamman sunka riƙa zagaya ƙauyuka da na'urar haska fim.

Sai dai ƙasar na cikin yaƙin basasa da yunwa, zaren ɗaukar fim kuma daga waje ake sayo shi, ya yi wuya. Ga ɗalibai, ga malami, babu abin ɗauka. Malamin, wani matashi mai suna Lev Kuleshov, sai ya sa su kwance tsofaffin finafinai, su yayyanka, su sake jera su ta wata hanya, su ga yadda ma'ana ke juyawa. Nan ne ya yi gwajin da har yau ake koyarwa a kowace makarantar fim. Ya ɗauki hoton fuskar wani ɗan wasa, fuskar ba fara'a ba fushi. Ya haɗa ta da hoton kwanon miya, masu kallo sunka ce mutumen nan yunwa yake ji. Ya haɗa fuskar nan dai da hoton gawa cikin akwati, sunka ce kai, dubi baƙin ciki. Ya haɗa ta da hoton wata mace, sunka ce so ne ya kama shi. Alhali fuska ɗaya ce, ko gira bai ɗaga ba. Ashe labarin fim yana cikin jerin hotunan ne, wane ya biyo wane, abin da masu aikin ke kira montaj. Duk yaron da ke yanka bidiyo da wayarsa a Maraɗi yau, ko ya sani ko bai sani ba, jikan Kuleshov ne a sana'a. Da wanga ilimi Sergei Eisenstein ya yi fim ɗin jirgin yaƙi Potemkin a 1925, wanda har yanzu ake lissafa shi cikin manyan finafinan duniya.

Kada mu yi wa abin kwalliyar da ba shi da ita. Gwamnatin da ke biyan kuɗin makaranta da na kamara ita ke riƙe da almakashi. Fim ɗin Andrei Tarkovsky mai suna Andrei Rublev an gama shi a 1966, mutanen ƙasar ba su gan shi a gidajen sinima ba sai 1971. Wani kuma, Aleksandr Askoldov, ya yi fim guda a 1967, anka kulle fim ɗin shekara ashirin, shi kuma anka raba shi da sana'ar gaba ɗaya. Sauran ƙasashen gurguzu ma haka: sun gina makarantu masu ƙarfi a birnin Prag a 1946 da birnin Lodz na Polan a 1948, amma da tankokin Sobiyet sunka shiga Prag a 1968, ƙwararru irin su Milos Forman sai sunka kama hanyar Amurka.

Ina Afirka a ciki? Da ƙasashenmu sunka samu mulkin kai a wajen 1960, Mosko ta buɗe guraben karatu kyauta, don neman abokai a gasarta da Turawan yamma. Ousmane Sembène na Senegal, tsohon ɗan dakon tashar jirgin ruwa ta Marseille kuma marubuci, ya tahi can a farkon shekarun 1960, ya koyi aiki hannun Mark Donskoy. Tunaninsa irin na Lenin ne: ya rubuta littattafai da Faransanci, amma mutanen da yake rubutu a kansu ba su iya karanta su. Da ya komo ya yi Borom Sarret a 1963, fim na kamar minti ashirin kan wahalar yini guda ta mai amalanken doki a Dakar. Souleymane Cissé na Mali ya yi shekaru a VGIK. Fim ɗinsa Den Muso na 1975, da harshen Bambara, kan wata yarinya bebiya da anka yi wa fyaɗe, hukumomin Bamako sun hana shi, shi ma sunka tsare shi. Almakashi ba Mosko kaɗai ke da shi ba ke nan. Shi ne dai ya ci lambar alƙalai a bikin Cannes na Faransa a 1987 da Yeelen, ya rasu a Bamako a watan Fabarairun 2025. Abderrahmane Sissako na Muritaniya, mai fim ɗin Timbuktu na 2014, shi ma ɗan makarantar nan ne, a shekarun 1980.

Mu Nijar hanyarmu daban ta bi. Oumarou Ganda wajen Bafaranshe Jean Rouch ya fara, Moustapha Alassane kuma ya ƙaro ilimin zanen motsi a Kanada. Amma Mosko ta san da mu. A 1969 fim ɗin Ganda, Cabascabo, ya shiga gasar bikin finafinai na Mosko, ya fito da lambar yabo, shekara uku kafin ma Nijar da Tarayyar Sobiyet su ƙulla hulɗar jakadanci a 1972. Labarin tsohon soja ne da Faransa ta kai yaƙin Indoshin, wato Biyetnam ta yau. Ya komo da kuɗin sallama, abokai da ƴan mata sunka taya shi ci, da aljihu ya bushe kowa ya watse. Ganda kansa ya yi wancan yaƙi, shi ya fito a matsayin sojan. A ganinmu ba abin mamaki ba ne labarin ya shiga ran mutanen Mosko: baƙar fata da anka tura ya yaƙi ƴan gurguzun Ho Chi Minh, ya dawo ba shi ga tsuntsu ba shi ga tarko. A 1972 kuma Ganda ne ya fara cin babbar lambar FESPACO a Wagadugu da Le Wazzou polygame. Mu ma jihar Maraɗi muna da namu, Mahamane Bakabé ɗan Gazawa, wanda ya yi Si les cavaliers kan Damagaram zamanin shigowar Faransawa.

A 1991 Tarayyar Sobiyet ta wargaje. Kuɗin gwamnati ya yanke, gidajen sinima da dama a Rasha sunka koma wuraren sayar da kujeru da motoci. Mu ma a lokacin ne gidajen sinimarmu sunka fara mutuwa, kaset ɗin Kano ya shigo ta Jibiya da Ɗan Isa ya cika gidajen kallo. Ba mu raina finafinan Kano ba, sun yi abin da Sembène ya yi fata, sun yi wa talaka magana da harshensa. Amma akwai bambanci guda da ke ci mana rai. Rashawa, duk da rugujewar, makarantarsu ba ta rufe ba, kuma rumbun ajiyar finafinai da sunka kafa a 1948 yana nan. Har finafinan da gwamnati ta hana ba a ƙone su ba, shi ya sa na Askoldov ya fito bayan shekara ashirin. Mu kuwa ka tambayi ɗan lise a Maraɗi wane ne Oumarou Ganda, in ka yi sa'a ya ce maka sunan gidan al'adu ne a Yamai.

Ga labarai jibge a gabanmu ba mai ɗauka: kafuwar Maraɗi zamanin Ɗan Kasawa, ambaliyar 1945 da ta sa gari ya tashi daga kwari ya hau tudu, fadar Gobir a Tibiri, manoman rani na Jiratawa da rigimarsu da kuɗin ruwa. Kamara kuma yanzu tana aljihun kowa, abin da ɗaliban Kuleshov ba su samu ba ko a mafarki.

Don haka muna da roƙo biyu. Ga hukumomi: in ana zaman yarjejeniya da Rasha ko da wace ƙasa, a sa guraben karatun fim a cikin takardar, sannan in yaran sun komo a bar su su faɗi abin da sunka gani. Ga jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo da gidajen matasa: a ware dare guda a wata a haska tsofaffin finafinan nan, a tattauna a kansu da Hausa. Borom Sarret da Cabascabo in an haɗa su, awa guda ce da ƴan mintoci. Bayan sallar Isha'i za a fara, kafin ƙarfe goma kowa ya koma gida.