Fina-finan gaskiya kan ƙungiyoyin da suka bijire wa al'ada a Nijar

Fim ɗin gaskiya shi ne wanda ake ɗaukar mutane a rayuwarsu ta zahiri, ba wasan kwaikwayo ba. A Nijar, wani reshensa ya daɗe yana bibiyar jama'ar da suka ware suka kafa nasu tsarin zama.

Asali

Wajen 1925 wasu baƙin iskoki suka ɓullo a ƙasar Filinge, masu siffar jami'an mulkin mallaka. Aka kira su Hauka ko Babule. Mabiyansu suka ƙi bin sarakunan da Faransa ke mara wa baya, wasu har suka kafa ƙauyukansu. Hukuma ta kulle su, amma 'yan ci-rani suka kai al'adar Gwalkwas, Ghana ta yau.

Jean Rouch

A can ne Jean Rouch, Bafaranshen da ya zo Nijar a 1941 yana injiniya, ya ɗauki taronsu na shekara a bayan garin Akra a 1954, bisa gayyatar shugabanninsu. Ƙaramar kyamararsa sai an yi mata wani, ba ta cika rabin minti tana ɗauka. A fim ɗin, Les Maîtres fous, ana ganin leburorin da iskoki suka hau sun zama gwamna da janar da kofur, baki na kumfa, ana fasa ƙwai a kan gunkin gwamna don kwaikwayon fararen gashin hularsa. Washegari kowa ya koma bakin aikinsa, lafiya lau.

Da aka nuna shi a Paris, malamin Rouch, Marcel Griaule, ya so a lalata shi, ɗaliban Afirka suka ce cin mutunci ne, Ingila kuma ta haramta shi a Gwalkwas. Duk da haka fim ɗin ya ci kyauta a Venice a 1957. Daga baya mai shirya fim Ousmane Sembène ya zargi irin su Rouch da kallon baƙar fata kamar ƙwari. Rouch ya rasu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, aka binne shi a Yamai.

Kyamara a hannun 'yan ƙasa

Wannan suka ta bar tambaya: wa ya cancanci ba da labarin? Oumarou Ganda, wanda ya fito a fim ɗin Rouch Moi, un noir, ya kama shirya nasa, ya ci babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO a 1972.

A 2021 Aicha Macky, 'yar Damagaram, ta fitar da fim ɗin Zinder. Ta shiga Kara-Kara, unguwar da aka ware wa kutare a da, inda samari marasa aiki ke haɗuwa a ƙungiyoyin da ake kira palais, suna ɗaga ƙarfe, wasu na fasa-ƙwaurin fetur. Rouch da muryarsa yake bayyana abin da 'yan Hauka ke yi. A fim ɗin Macky, samarin ne ke ba da labarinsu, da Hausa.