James Frederick Schön

James Frederick Schön limamin cocin Angilika ne, haifaffen Baden a ƙasar Jamus, wanda ya rasu a Ingila a 1889. A 1841 ya bi ayarin Turawan da suka shiga kogin Kwara, tare da Samuel Ajayi Crowther, kuma ya duƙufa kan nazarin Hausa. Ya wallafa nahawu a 1862 da ƙamus a 1876. Abin mamaki, bai taɓa taka ƙasar Hausa ba. Yawancin Hausarsa daga bakin Dorugu ya ɗauko ta, yaron Damagaram da Heinrich Barth, baƙon da ya ratsa Tasawa a 1851, ya kai Ingila. Labarin rayuwar Dorugu da tatsuniyoyinsa na cikin Magana Hausa, littafin Schön na 1885.