Iskar oksijin ga jarirai da bakwaini: abin da ya kamata mu sani

Sau da yawa a nan Ɗan Issa mukan ji uwa ta ce: "An sa mashi robar hanci, shi ke nan, ba zai tashi ba." To jama'a, ba haka abin yake ba. Oksijin magani ne kamar kowane magani, kuma tsananin ciwon da jinkirin kai yaro ne ke kisa.

Iskar da muke shaƙa kashi 21 cikin 100 ne kawai oksijin. Bakwaini, wato wanda aka haifa kafin cikar sati 37, huhunsa bai gama ƙwari ba, shi ya sa yakan kasa jawo abin da zai ishe shi. Haka ma jaririn da ya sha wuya wajen haihuwa ko ya kamu da ciwon huhu.

Alamun da za mu duba: numfashi sama da 60 a minti ɗaya, ƙirji yana lotsawa, nishi, leɓe ko harshe ya yi shuɗi, ko ya kasa kama nono. Da mun ga ɗaya, sai CSI, ko da tsakar dare ne. Idan abin ya fi ƙarfinsu, za su tura shi asibitin gunduma na Madarunfa, inda ƙungiyar MSF ta daɗe tana tallafa wa sashen yara, ko kuma Maraɗi.

A asibiti ana maƙala ƴar na'ura a hannu ko ƙafar jariri don auna oksijin na jininsa. Hukumar Lafiya ta Duniya (OMS) ta ce a ba da shi idan awon ya gaza 90. Jariri yakan samu rabin lita zuwa lita 1 a minti, daga tukunya ko injin da ke tace iskar ɗaki, mai aiki da lantarki.

Amma fa yawansa ma yana da illa. A shekarun 1940 da 1950, dubban bakwaini sun makance a Amurka da Turai saboda an ba su fiye da kima. Don haka ga bakwaini ba a son awon ya wuce 95.

Roƙonmu ga masu jinya: kada mu taɓa makunnin, kada mu cire robar don yaro ya yi kuka, kuma kada a kawo wuta kusa. Idan robar ta zame, a kira ma'aikacin lafiya nan take.